'Yar Fim a Kujerar Edita: Da Me Aparna Sen Ta Sayi Hurumin Magana?

Akwai wata magana da ake jefa wa 'yan fim, musamman mata, duk ranar da suka sa baki a lamarin jama'a: ke dai tsaya a sana'arki. Ana faɗar ta a Kano da Kaduna kamar yadda ake faɗar ta a Mumbai da Kolkata. A ganin masu faɗar, wadda ta yi suna da rawa da kuka a gaban kyamara ba ta da ta cewa a siyasa, balle a ba ta kujerar edita ta riƙa zaɓa wa mutane abin da za su karanta. Ban yarda da wannan magana ba. Haka kuma ban yarda da kishiyarta ba, wato duk wadda fuskarta ta karaɗe gari ta zama malamar al'umma ke nan. Matsayina shi ne, suna ba ya ba mutum hurumin magana, ba ya kuma ƙwace masa shi. Abu biyu ke ba da wannan hurumi: aikin da aka daɗe ana yi da hannu, da tsayuwa kan magana ɗaya ko wane ne ke bisa mulki. Da wannan ma'auni nake so mu auna Aparna Sen, 'yar wasa, marubuciya kuma edita daga jihar Bengal ta Yamma a Indiya, domin rayuwarta ta tara hujjojin ɓangarorin biyu a wuri guda.

An haife ta a Kolkata ranar 25 ga Oktoba, 1945. Mahaifinta, Chidananda Dasgupta, mai sharhin finafinai ne, kuma yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar masu nazarin fim ta birnin a 1947 tare da Satyajit Ray, daraktan da ya fi kowa fito da sunan finafinan Bengal a duniya. Ray ne ya fara saka ta a fim, a Teen Kanya na 1961, ba ta wuce shekara 16 ba, inda ta fito a matsayin wata ƙiriniyar yarinyar ƙauye da aka yi wa aure alhali hankalinta na wurin wasa. Daga nan ta zama ɗaya daga manyan jarumai mata na finafinan harshen Bengali, tana fitowa da Uttam Kumar da Soumitra Chatterjee, taurarin da kasuwar Kolkata ta dogara da su a shekarun 1960 da 1970. A 1981 ta rubuta fim ɗinta na farko ta kuma ba da umarninsa. A 1986 kamfanin jaridar Ananda Bazar Patrika ya fito da mujallar mata mai suna Sananda, ya damƙa mata ita a matsayin edita, ta riƙe har 2005. A 1987 gwamnatin Indiya ta ba ta lambar girma ta Padma Shri. Wannan shi ne taƙaitaccen lissafin. Tambayar ita ce, wane ɓangare nasa kyauta ne, wane ɓangare ne gumi?

Kafin a amsa, ya kamata a san abin da zama 'yar wasa yake nufi a tarihin Bengal. Lokacin da aka fara barin mata su hau dandalin wasan kwaikwayo na kuɗi a Kolkata a 1873, daga unguwannin mata masu zaman kansu aka ɗebo su, saboda babu gidan mutunci da zai ba da 'yarsa. Cikinsu wadda ta fi shahara ita ce Binodini Dasi, da ta fara wasa a 1874 tana kimanin shekara 12. A 1883 wani attajiri ya yarda zai gina wa ƙungiyarsu gidan wasa bisa sharaɗin ta zama tasa. Ta amince, saboda abokan aikinta maza sun yi mata alkawarin za a sa wa ginin sunanta. Da aka zo rajista sai suka sa masa Star, da hujjar cewa masu mutunci ba za su shiga gidan da ke ɗauke da sunan mace irinta ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Ta bar dandali kafin ta cika shekara 25. To yaya aka yi muka san wannan labari daga bakinta? Saboda bayan kimanin shekara 25 ta zauna ta rubuta tarihin rayuwarta, Amar Katha. Da ba ta ɗauki alƙalami ba, da abin da mazan suka ga damar faɗa shi ne zai zama tarihi. Darasin a fili yake: 'yar wasan da ba ta rubutu, wasu ne ke sa mata magana a baki a cikin fim, wasu ne kuma ke ba da labarinta a waje. Masu cewa ta tsaya a sana'arta, ko sun sani ko ba su sani ba, wannan tsari suke karewa.

Hujja ta farko da ake kawowa kan Aparna Sen ita ce 'yar gata ce. An haife ta a gidan da manyan daraktoci ke shige da fice, ta yi karatu da Turanci, ƙofar da wasu ke shekara goma suna ƙwanƙwasawa ita a buɗe ta same ta. Wannan gaskiya ne, kuma babu amfanin musun sa. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Sai dai gata yana shigar da mutum ɗaki ne kawai, ba ya yi masa aikin da ke cikin ɗakin. Mu dubi abin da ta yi da nata gatan. Tana kan ganiyar tasharta, lokacin da hanya mafi sauƙi ita ce ta ci gaba da karɓar kuɗin finafinan soyayya, sai ta rubuta 36 Chowringhee Lane, labarin wata tsohuwar malamar makaranta, ruwa biyu tsakanin Turawa da Indiyawa, mai zaune ita kaɗai da kyanwarta. Wata tsohuwar ɗalibarta da saurayinta suka riƙa lallaɓa ta don su sami ɗakin haɗuwa, da buƙata ta biya suka watsar da ita. Ray ya karanta rubutun ya ce ta ba da umarni da kanta. Shashi Kapoor, wanda masu kallon finafinan Indiya a ƙasar Hausa suka sani sarai, shi ya zuba kuɗi, matarsa Jennifer Kendal ta fito a matsayin tsohuwar. Aparna ba ta ba kanta matsayin jaruma a ciki ba. Fim ɗin ya ciyo mata kyautar gwarzon darakta ta ƙasar Indiya, ya kuma ciyo babbar kyauta a bikin finafinai na Manila. Wace mai neman suna ce za ta ɓoye fuskarta a bayan kyamara ta haska ta tsohuwar da gari ya manta da ita?

Hujja ta biyu ta fi nauyi, domin daga 'yan jarida take fitowa. Suna cewa an tsallake waɗanda suka yi shekaru suna bin labari a rana da ruwa, an ɗauko tauraruwa an ɗora, don fuskarta ta sayar da mujalla. Ba na shakkar cewa masu kamfanin sun yi wannan lissafi, ai 'yan kasuwa ne. Amma ina tambaya: shekara nawa suna kaɗai zai iya riƙe mujalla? Suna yana sayar da fitowa ta farko da ta biyu, wataƙila har ta goma. Mai karatun da ta ciri kuɗinta sau ɗaya don ganin abin da jarumar ta shirya, ba za ta sake cira ba in ta tarar da holoƙo. Sananda, mai fitowa duk mako biyu, ta zama ɗaya daga mujallun mata da aka fi karantawa a harshen da mutum sama da miliyan 200 ke magana da shi, kuma mace ɗaya ce ta ja ragamarta shekara 19. Ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare. Miyar suna ta daɗe da ƙarewa a cikin waɗannan shekaru, abin da ya rage shi ne zaɓen batutuwa, gyaran rubutu, rubuta sharhin edita da fitar da mujalla a kan lokaci, wato ainihin aikin da kowane edita ke yi. In wannan ba aikin jarida ba ne, mene ne sunansa?

A nan sai wasu su sauya salo, su ce ai mujallar mata ce, girke-girke da kwalliya da yadda ake ɗaura sari, wannan ba ita ce jaridar da ake nufi ba. Wannan raini ya fi bayyana halin masu yin sa fiye da halin mujallar. Haƙiƙa akwai girki da ado a Sananda, amma a gefensu akwai maganar aure da saki, lafiyar mace, aikin ofis, tarbiyyar yara da abin da doka ta tanadar wa mata. Matar da ba za ta taɓa sayen jaridar siyasa ba, za ta sayi wannan don girki, ta tarar da bayanin haƙƙinta a shafi na gaba. Kuma wannan hanya tana da tarihi a Bengal. Mujallar Bamabodhini Patrika ta 1863 don mata aka yi ta, amma namiji ne editanta. A 1884 Swarnakumari Devi, yayar marubuci Rabindranath Tagore, ta karɓi ragamar mujallar Bharati. Begum Rokeya, Musulma, ta yi rubutu ta kuma kafa makarantar 'yan mata a Kolkata tun farkon ƙarni na 20. A 1947 aka fara mujallar Begum a Kolkata, da Sufia Kamal sannan Nurjahan Begum a matsayin editoci, ta koma Dhaka a 1950, ta zama wurin da matan Musulmin Bengal da yawa suka fara ganin sunansu a bugu. A duk wannan jeri, shafin mata shi ne ƙofar da mata suka bi suka shiga aikin jarida, saboda sauran ƙofofin a rufe suke. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Wanda ya ce labarin majalisa ne kaɗai labari, ya fitar da rabin al'umma daga cikin abin da ya cancanci a rubuta.

Hujja ta uku ta ɗabi'a ce, kuma na san ita za ta fi tsaya wa mai karatu Bahaushe a rai. Fim ɗinta na biyu, Paroma, na tsakiyar shekarun 1980, wanda jaruma Rakhee ta ja, labarin matar aure ce a gidan masu hali da ta faɗa soyayya da wani mai ɗaukar hoto, asiri ya tonu, dangi suka juya mata baya. An yi ta cece-kuce a Kolkata, ana cewa fim ɗin yana koya wa matan aure cin amana. Ba ni da niyyar wanke abin da matar ta aikata, addininmu da al'adarmu sun yi hukunci a kai. Amma nuna abu daban, halatta shi daban, in ba haka ba da duk marubucin da ya saka ɓarawo a littafi ya zama malamin sata. Abin da fim ɗin ya tsaya a kai shi ne macen da ta kai shekara 40 gidan ba su san ta da komai ba sai matar wane, uwar wane, surukar wance, har ita ma ta manta abin da take so. Ana iya ƙin hanyar da labarin ya bi, a kuma yarda tambayar tana nan. Sannan ba adalci ba ne a auna mutum da aiki ɗaya. Wadda ta yi Paroma ita ta yi Sati a 1989, inda Shabana Azmi ta fito a matsayin marainiya bebiya da aka aurar wa bishiya saboda masu duba sun ce duk mijin da ta aura zai mutu. Ita ta yi Paromitar Ek Din a 2000, kan shaƙuwar uwar miji da matar ɗanta, shaƙuwar da ta ɗore bayan auren ya mutu. Ita ta yi 15 Park Avenue a 2005, kan yadda iyali ke fama da mai taɓin hankali. Zare ɗaya ne ya ratsa su: mutanen da ke cikin gida amma ba a jin muryarsu. Batun da take bi a mujalla, shi take bi a fim. Shi ya sa nake ganin sana'o'in nata uku aiki ɗaya ne.

Sai ma'auni na biyu, tsayuwa kan magana. A 2002 ta fitar da Mr. and Mrs. Iyer: rikicin addini ya rutsa da motar fasinja, 'yan daba suka shiga suna neman Musulmi, wata matar Hindu mai tsananin riƙo da al'adarta ta ce Musulmin da ke kusa da ita mijinta ne, ta tsirar da shi, alhali an fitar da wani tsoho Musulmi da matarsa a gaban kowa. Fim ɗin ya fito a shekarar da aka yi kashe-kashen rikicin addini a jihar Gujarat, daga hannun macen da aka haifa watanni kaɗan kafin irin waɗannan kashe-kashe a Kolkata a Agustan 1946, ya kuma ciyo mata kyautar gwarzon darakta karo na biyu. Wani zai ce fim ne, a fim kowa jarumi ne. To mu fita daga fim. A 14 ga Maris, 2007, 'yan sanda suka harbe mutum 14 a Nandigram ta jihar Bengal ta Yamma, inda manoma ke ƙin a karɓe gonakinsu don gina masana'antu. Gwamnatin jihar a lokacin ta 'yan gurguzu ce, wadda take kan mulki tun 1977, kuma da yawa daga marubuta da 'yan fim na Kolkata mutanenta ne. Aparna Sen ta fito ta soke ta, ta ƙaurace wa bikin finafinai na birnin a Nuwamban shekarar. A Yulin 2019 tana cikin mutum 49 da suka rubuta wa Firaminista Narendra Modi buɗaɗɗiyar wasiƙa kan yadda gungun mutane ke dukan Musulmi da 'yan Dalit, waɗanda ake ƙasƙantarwa a al'umma, har lahira. A Oktoba aka shigar da ƙarar cin amanar ƙasa a kansu a Muzaffarpur ta jihar Bihar, kafin 'yan sanda su ce ƙarar ba ta da tushe. A 2023 ta rubuta wa Mamata Banerjee, wadda guguwar Nandigram ta taimaka wa hawa mulkin jihar a 2011, wasiƙar suka kan zubar da jini a zaɓen ƙananan hukumomi. Gwamnati uku, aƙida uku, duk ta ɓata musu rai.

Duk da haka masu suka suna da abin riƙewa a nan, kuma ba zan ɓoye shi ba. 'Yan gurguzu suna cewa ita da ire-irenta ne suka share wa Mamata hanya, sannan muryarsu ta yi sanyi a shekarun farko na sabuwar gwamnati. Shi ya sa a Agustan 2024, da ta je asibitin R.G. Kar na Kolkata don mara wa likitoci baya bayan an yi wa wata likita fyaɗe an kashe ta, wasu suka yi mata ihun ta koma. Mafi muni shi ne batun kamfanin Saradha. A 2011 ta karɓi aikin editar wata mujalla, ita ma Paroma, mallakar wannan kamfani. A Afrilun 2013 kamfanin ya ruguje, ya tabbata damfara ce irin wadda ake biyan tsofaffin masu zuba kuɗi da kuɗin sababbi, kamar yadda MMM ta yi wa mutanenmu. Fiye da mutum miliyan ɗaya, akasarinsu talakawa, suka rasa ajiyarsu. Mujallar ta rufe, a 2014 hukumar binciken laifukan kuɗi ta yi wa Aparna tambayoyi. Edita ce, ba ita ke tara kuɗin jama'a ba, kuma 'yan jarida da yawa sun yi aiki a kafafen kamfanin. Amma zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai. Kamfani irin wannan ba don son adabi yake buɗe mujalla ba, yana sayen amincin sunaye ne don talaka ya saki jiki. Tambayar farko da ɗan jarida ke yi ita ce, daga ina kuɗin nan suke fitowa? Wadda ta yi shekara 19 tana edita ta fi kowa cancantar yin ta. Wannan tabo ne, kuma a kan ta yake.

Sai dai a lura da wani abu. Wannan tuhuma ba ta taimaki masu cewa 'yar fim ta tsaya a fim ba, rusa su ta yi. Da mun ɗauke ta a matsayin fuska kawai da aka yi haya, da babu wanda zai zarge ta da rashin bincike, domin ba a tambayar allon talla dalilin abin da aka liƙa masa. Muna zarginta ne saboda mun yarda 'yar jarida ce, muna kuma auna ta da mudun 'yan jarida. Haka ya kamata. Wanda aka ba hurumin magana, an ɗora masa nauyin amsa tambaya. Masu yabonta ido rufe suna so ta sami na farko ba na biyu ba, masu raina ta suna so su hana ta duka biyun. Dukansu sun kauce.

Mu da muka shekara sittin muna kallon finafinan Indiya, har muka gina tamu masana'antar a kan salonsu, wace Indiya muka kwaikwaya? Mun ɗauki rawa da waƙar Mumbai, mun bar al'adar Kolkata inda ɗan fim yake karatu, yake rubutu, yake jayayya a jarida. Ba wai ba mu da abin koyi a gida ba. Balaraba Ramat Yakubu, wadda aka cire daga makaranta aka aurar tana ƙarama, ta rubuta littattafai ta kuma shirya finafinai, har aka fassara Alhaki Kuykuyo Ne aka buga a Chennai ta Indiya a 2012. Marigayiya Bilkisu Yusuf ta riƙe kujerar edita a lokacin da ba a saba ganin mace a kai ba. Amma cikin jaruman Kannywood mata, nawa ne ke rubuta labarin da suke fitowa a ciki? Nawa ne aka taɓa ba fili a jarida don su yi sharhi, maimakon a tambaye su yaushe za su yi aure? Kuma nawa ne cikinsu suka nemi wannan fili, maimakon su wadatu da tallan 'yan siyasa lokacin zaɓe?

Hausawa sun ce ba a yabon ɗan kuturu sai ya shekara arba'in da yatsa. Daga 36 Chowringhee Lane na 1981 zuwa The Rapist na 2021, wanda ya ci kyauta a bikin finafinai na Busan a Koriya ta Kudu, Aparna Sen ta cika arba'in ɗin tana rubutu da hannunta. Hukuncina shi ne ta biya kuɗin kujerarta, kuma bashin Saradha na nan a littafinta ba a goge ba. Duk 'yar fim da ke son a saurare ta, a Bengal ko a ƙasar Hausa, wannan ne farashin: ta rubuta, ta daɗe tana rubutawa, ta faɗa wa gwamnatin da take so abin da ta faɗa wa wadda take ƙi, ta kuma binciki aljihun mai biyan ta albashi. Wadda ta cika waɗannan sharuɗɗa, wanda ya ce mata ta tsaya a sana'arta sai ya fara nuna mana nasa aikin.